Gwadon Baba Kanon

Ranar da surukina ya rasu, kafin rana ta take gidanmu na Yelwa ya cika ya batse. Matan zumunta ne suka fara isowa, suka zauna a baranda suna rera waƙa a hankali. Shugabarsu, wata dattijuwa da ta koyi Hausa da girmanta, ta kama hannuna ta ce, "Ki lura da Mama fa, tun safe bai sha ko ruwa ba." Surukata take nufi, matar marigayin. Bayansu sai ga matasan limaman coci da fararen kwalarsu, kowa waya a kunne, ana gardamar wa zai sanar da Bishof. Wani tsohon katikis, mai koyar da addini a cocin ƙauye, ya zauna a ƙasa a bakin ƙofa yana kuka da majina, aka yi aka yi ya hau kujera ya ƙi.

Mai shayin bakin titinmu ma ya rufe tebur ya shigo. Ya ce, "Ashe Baba Kano ya rasu? Allah ya ba ku haƙuri." Haka duk unguwa take kiransa. Tun da aka ba shi muƙamin Kanon a cocin Angilika, kunnen mutane ya ji Kano, suka ɗauka garinsu ke nan. Ya hau har ya zama Acidikin, mai kula da majami'u da yawa, ana ce masa Benarabul a taro, amma a bakin masu keke da masu kayan miya bai taɓa wuce Baba Kano ba. Bai taɓa gyara wa kowa ba, sai dai ya yi dariya ya ce shi Kanon ma bai san hanyoyinta ba.

Ni matar babban ɗansa ce. A hannuna ya yi shekarunsa na ritaya, ni nake dama masa kunu, ni nake ja masa kujera zuwa inda rana take. Na zauna rubuta wannan ne don kada jikokinsa su tashi ba su san komai game da shi ba sai hoton da ke bango. Amma ba zan ɓoye ba, kunya ce ta fi yawa a cikin abin da nake ji. Mutumin da kowa ya san ba ya son sanyi, mu iyalinsa muka ɗauke shi muka kai mutuware, muka dawo gida muna zaɓen launin anko.

Ƙin sanyin Baba ba ƙarami ba ne. Ba ya shan ruwan firij, ba ya zama ƙarƙashin fanka. In hadari ya haɗu, kafin ɗigon farko ya sauka ya riga ya sa safa da hular ulu. A cocin da ya fi daɗewa, fankar da ke kusa da bagade ta yi tsatsa don rashin aiki, mawaƙa suna zufa cikin manyan rigunansu suna hararar bayansa. Kuma yana da taurin kai, in faɗi gaskiya. An taɓa ɗaukar wata mawaƙiya a sume saboda zafi, duk da haka fanka ɗaya kawai ya yarda a kunna, ita ma ta can baya.

Aikinsa ya faro ne a ƙauyukan bayan Gubi, yana katikis, yana bin ruga-ruga da keke. Tun daga can ya ɗauko wata ɗabi'a da ya riƙe har ya ajiye aiki: ba ya yi wa jariri baftisma da ruwan sanyi. Sai an ɗora tukunya, an surka, ya tsoma gwiwar hannu ya ji. Ƙananan limamai suna kiran abin wankan jego a bayan idonsa. Da labari ya kai masa, cewa ya yi, "Yaro ya zo gidan Ubansa ranar farko, a tare shi da ruwan randa? Ku in kun je baƙunta haka ake muku?" Iyaye mata kuwa har daga wasu unguwanni suke kawo masa jarirai, don an san a hannunsa yaro ba ya tsala ihu.

Da ya zama Acidikin, in ya je rangadi ana share coci, a yanka kaza, a shirya masa jawabi. Shi kuwa sai ya wuce kai tsaye ɗakin katikis, ya ɗaga kai ya dubi rufi, ya ɗaga katifa ya ga abin da yara suke rufa da shi. Bayan tsohuwar motarsa ba ya rabuwa da barguna. Wannan tsohon da ya ƙi hawa kujera ranar rasuwa yana cikin waɗanda suka samu.

Ni ma na samu rabona. Lokacin da na yi ɓarin cikina na fari, damina ce, ina kwance a ɗaki na juya wa duniya baya. Tsakanina da Baba akwai kunyar surukuta mai ƙarfi, ko ido ba ma haɗawa. Amma kullum da safe sai in ji motsi a bakin ƙofa, in na leƙa in tarar da kasko cike da garwashi. Na ɗauka Mama ce, sai wata rana na hango bayan doguwar rigarsa baƙa yana saurin shan kwana, hannunsa duk gawayi. Har ya koma ga Ubangiji ba mu taɓa tayar da zancen ba.

Faɗa mafi girma da na san ya yi a aikinsa, a kan gawa ne. Wasu masu hali a ikilisiya suka ajiye mahaifiyarsu a mutuware wata da watanni, suna gyaran gida suna ɗinkin anko. Baba ya same su a ɓoye, ba su ji ba. Ranar Lahadi ya hau mumbari ya ce, "Matar da ta goya ku a bayanta don kada iska ta taɓa ku, ita kuka saka a ƙanƙara kuna fentin katanga?" Mutanen suka bar cocin ba su sake dawowa ba. Mu kuwa muna layin gaba muna gyaɗa kai, mun ji daɗin wa'azi. A gida ma ya sha faɗa mana, yana zaune a rana yana miƙe ƙafa, "Ni dai in na tafi kada ku sa ni a firij. Ku kai ni ƙasa, ta fi ɗumi." Mukan yi dariya mu ce Baba ke nan da barkwanci.

Yanzu dole in kawo zancen Baffa, ƙanen Baba uwa ɗaya uba ɗaya. Su biyu a ruga aka haife su. Baba yana saurayi wani gyambo ya ci ƙafarsa, aka kai shi asibitin mishan. Ya warke, ya koyi karatu, ya karɓi baftisma, bai koma ruga da zama ba. Mahaifinsu har ya rasu bai sake ambaton sunansa ba. Baffa ya tsaya a addinin iyayensu, ya yi kiwo, ya zama dillalin shanu, ya gina gida a Inkil, ya je Makka. Mutum ne mai ƙatuwar murya da saurin fushi, yaranmu in sun ji sallamarsa sai su shige ɗaka. Hamma yake kiran Baba, wato yaya a Fillanci.

Da suna yara gwado ɗaya suke rufa da shi, saƙar hannu, kullum ana jan sa ana faɗa. Ranar da aka ɗauki Baba zuwa asibiti da shi aka lulluɓe shi, kuma gwadon bai dawo ba. Wannan ya zama gaisuwarsu har tsufa. Da Baffa ya zauna zai ce, "Hamma, ina gwadona?"

Baba ya ce, "Kai da ka tara shanu, gwado ɗaya ne zai hana ka barci?"

"Ya hana. Tun ranar da ka tafi nake jin sanyi."

Duk Kirsimeti Baba yakan aika masa da shinkafa da sabon bargo. Shinkafar a ci, bargon ya miƙa wa yara ya aiko da saƙo cewa ba shi ba ne. Duk Babbar Salla kuma cinyar rago tana isowa gidanmu daga Inkil. Sun sha yin faɗa na gaske, har su daɗe ba sa ga-maciji, amma cinyar ba ta taɓa fashi ba, bargon ma haka. Mu muna kallon zancen gwado a matsayin wasan tsofaffi.

To ranar rasuwar, bayan azahar, sai ga a-kori-kura ta tsaya a ƙofar gida. Baffa ya sauko da 'ya'yansa maza, kowa da diga ko shebur. Ya samu maigidana a tsakar gida ya ce, "Na san kuna da tsarinku, ba zan sa muku hannu ba. Ku yi masa sallarku. Mu kabari kawai za mu haƙa, a nuna mana wurin."

Maigidana ya sosa ƙeya ya ce, "Baffa, ai an riga an kai shi asibiti. An ajiye shi."

"An ajiye shi? Hatsi ne?"

"Sai an yi mitin, Baffa. Ka san babban mutum ne a coci, dole a yi masa jana'iza ta girma. Ga Auta tana Ingila, sai ta samu hutu a wurin aiki."

Baffa ya dube shi, ya dube ni, ya ce, "A cikin sanyin nan kuka sa Hamma?"

Wani daga cikin masu karɓar baƙi ya zo da ladabi ya ce, "Alhaji, bisimilla ga wuri," ya kai shi rumfar waje inda aka jera kujerun roba don masu zuwa gaisuwa. Mu iyali muka koma falo, inda ake shigowa ana yi mana ta'aziyya. Ni da hannuna na ɗauko lemon kwalba daga firij na aika masa.

Aka kafa kwamiti. Aka sa rana can gaba, sai damina ta kusa fita. Ni aka ba anko da abinci, kuma na karɓa da zafina, don ina so a ga surukar Benarabul ta iya hidima. Ba mugunta ce ta sa mu ba, wannan zan faɗa don a yi mana adalci. Muna so ne a girmama shi, a ga limamai sun yi jerin gwano, a cika coci har waje. Amma ko sau ɗaya babu wanda ya buɗe baki a mitin ya ce, to shi mai gawar me ya ce? Duk mun tuna, kowa ya haɗiye.

Baffa kuwa kullum da hantsi sai ya zo. Ya leƙo falo ya ce wa Mama, "Ya haƙuri?" ya ce wa maigidana, ya ce mini. Mu amsa, "Da godiya, Baffa." Sai ya koma kujerarsa ta roba ya zauna yana jan carbi har la'asar. Mutumin da muryarsa take girgiza kwanon rufi ya koma shiru. Babban ɗansa ya gaya mini a Inkil ba a shimfiɗa tabarmar makoki ba, don Baffa ya ce ba a zaman makokin wanda bai shiga ƙasa ba. Na ji maganar, na ce Allah sarki, na koma waya da mai atamfa.

Wata safiya aka wayi gari da ruwa mai ƙarfi, gari ya yi sanyi har cikin ƙashi. Ina kicin sai na ji an ce Baffa yana kira na. Na same shi a tsaye, bai zauna ba, da ƙunshi a hammata.

Ya ce, "'Yata, ke kika san inda kuka ajiye shi. Ki kai ni."

"Baffa, bari in kira baban yara ya fito da mota."

"Ban ce a kira kowa ba. Ke kike ja masa kujera zuwa rana, ke za ki kai ni."

Muka tari keke, ruwa yana feso mu ta gefe. A mutuware ma'aikacin ya karɓe mu da mutunci, ya shigar da mu. Sanyin ɗakin ya buge ni tun daga bakin ƙofa. Da ya jawo Baba, na ga fuskarsa ta yi fari-fari, wani ɗan raɓa ya daskare a girarsa, ƙafafunsa a waje babu safa. Ban san lokacin da na kai hannu na toshe bakina ba.

Baffa ya kwance ƙunshin. Gwado ne na saƙa, baƙi da fari, ya sha jiki, da gani nasa ne na rufa. Ya shimfiɗa shi tun daga ƙirji, ya bi gefe da gefe yana cusawa, ya naɗe ƙafafun kamar yadda ake yi wa yaro mai zazzaɓi. Yana yi yana magana ƙasa-ƙasa da Fillanci, ban ji komai ba sai Hamma, Hamma.

Ma'aikacin ya matso ya ce a hankali, "Alhaji, ka yi haƙuri, ai ba ya ji."

Baffa ya ce, "Ni ina ji."

A keke muna komawa na kasa ɗaga kai. Ji nake kamar ƙasa ta tsage in shige. Da zagina ya yi da na samu sauƙi, amma titi kawai yake kallo.

Na shiga falo na tarar da kwamiti a zaune, an baje yankunan atamfa a kan tebur, ana ja-in-ja tsakanin shuɗi da shunayya. Wata ta ce, "Yawwa, ga shugabar anko, zo ki raba mana gardama." Ni dama ba a san ni da haƙuri ba. Na share yankunan nan da hannu ɗaya suka zube ƙasa, na ce, "Wallahi ba zan sa anko ba, ba kuma zan dafa wa kowa shinkafa ba. Baba yana can ƙafa ba safa, mu muna nan muna zaɓen kala. Wa'azin da ya yi wa mutane muna gyaɗa kai, ashe mu yake yi wa!"

Maigidana ya miƙe ya ce, "Ke! A gaban mutane?"

Sai Mama ta yi magana daga kusurwar da take zaune. Tun rasuwar ba mu ji ta haɗa jimla biyu ba. Ta ce, "Ƙyale ta. Ni tun ranar da kuka kai shi ban rufa da komai ba in na kwanta, na kasa. Na yi shiru ne don na ga ku kuka yi karatu, kun fi ni sanin abin da ya dace da Benarabul. Amma ni ba Benarabul na aura ba. Mutum na aura mai jin sanyi."

Maigidana ya koma ya zauna, ya dafe kai. Da yamma ya tafi wurin Bishof yana ta shirya ban-haƙuri a hanya, sai aka ce masa ai ku ake jira, ku kuka sa rana mai nisa. Abin da ya fi wuya shi ne kiran Auta. Ta yi kuka, ta ce an hana ta ganin fuskar ubanta, ta kashe waya. Har yau in na kira ba ta ɗauka, kuma ban ga laifinta ba. Da mun yi abin da ya kamata tun ranar farko, da ba mu sa mata rai ba.

A cikin makon aka yi jana'iza, kowa da kayan da ya ga dama. Coci ya cika har waje duk da haka. Limamai suka sa masa fararen kayan aikinsa yadda ake yi wa babban limami, Mama ta ce gwadon ma da shi za a rufe akwatin, babu wanda ya yi musu. Baffa bai shiga coci ba. A maƙabarta muka same shi, shi da 'ya'yansa da samarin coci, duk jikinsu jar ƙasa, sun gama haƙa. Rana ta fito sosai a ranar, har mawaƙa suna fifita da takarda.

Da muka dawo gida, Baffa ya leƙo falo kamar kullum. Ya gaida Mama, ya gaida maigidana, ya juyo gare ni ya ce, "'Yata, ya haƙuri?" Na buɗe baki zan ce da godiya, sai na farga. Tun ranar rasuwa mutumin nan yake yi mana gaisuwa muna amsawa. Mu da muka san Baba da girmansa mun zauna a falo muna karɓar ta'aziyya, shi da suka sha nono ɗaya mun ajiye shi a rumfar baƙi. Babu ko mutum ɗaya a cikinmu da ya taɓa yi masa gaisuwar ɗan'uwansa.

Na shiga ɗakin Baba na ɗauko tabarmarsa, na shimfiɗa a tsakar gida, daidai inda nake ajiye masa kujera. Na ce, "Baffa, nan ne wurinka." Ya tsaya yana kallon tabarmar, sannan ya cire takalmi ya zauna. Maigidana ya gane, ya fito. Mama ta fito tana dafa bango. Limaman da ke falo suka biyo baya suka yi layi, da kwalarsu da komai.

Na durƙusa a gabansa na ce, "Baffa, ya haƙuri?"

Ya ce, "Da godiya." Ya shafa tabarmar da tafin hannu, rana ta riga ta ɗumama ta. Sai ya dube ni, idanunsa sun kaɗa, ya ce, "Kin ga halin Hamma ko? Ya sake tafiya da gwadona."

Ya ja hannun babbar rigarsa ya rufe fuska.